Daga Sakiya Zuwa Siririyar Roba: Tarihin Cire Ruwa Daga Ƙirji Da Ciki

Yau tarihi za mu taɓa, amma tarihin da watarana zai iya samun ki har cikin ɗaki. Don haka mai daka ta ɗan jingine taɓarya, mai ɗinkin hula ta ci gaba da abinta, kunne kawai nake roƙo.

Bari in fara da abin da ya faru a danginmu. Ina da gwaggo, ƙanwar mahaifina, tana aure a wani ƙauye ta wajen Kabo. Shekarun baya ta yi ta fama da tari har wata uku, ga zazzaɓin dare, ga rama. Daga baya numfashi ya soma gagarar ta, ko shara ta yi sai ta zauna tana haki, kwanciya kuwa sai a jingine da bango. An jiƙa saiwa an sha, an kira wanzami ya yi ƙaho a haƙarƙari, babu sauƙi. Da aka kai ta asibiti aka ɗauki hoton ƙirji, sai likita ya ce ruwa ne ya cika gefe guda ya danne huhu, za a sa mata roba a zuƙe shi. Wallahi sai ɗakin ya yi tsit. Wata tsohuwa cikin masu rakiya ta ce, "Ahir, duk wanda aka huda ba ya tashi." Maigidanta kuma yana Kudu wajen nema. Haka aka yi kwana huɗu ana jiran izini, ita kuwa tana zaune tana kokawa da numfashi.

Maganar tsohuwar nan ba daga iska ta ɗauko ta ba, tana da asali. Akwai zamanin da huda ƙirji kusan bankwana ne. Abin da nake so ki ji yau shi ne yadda aka baro wancan zamanin.

Da farko, ina ne ruwan yake taruwa? Duk wadda ta taɓa gyaran kayan cikin ragon layya ta san tantanin nan mai santsi da ya lulluɓe huhu, da wanda ya shimfiɗu a jikin haƙarƙari ta ciki. Haka namu yake. Tsakanin tantanin biyu akwai ɗan danshi da bai wuce 'yan cokula ba, shi ne ke sa huhu ya riƙa zamewa salin-alin in muna numfashi. In ciwo ya zo, ɗan wurin nan sai ya cika da ruwa, ko mugunya, ko jini, ko iska, har lita biyu ko fiye, huhu ya rasa wurin buɗewa. Irin wannan tantani yana nan a ciki kewaye da hanji, yana nan kuma kewaye da zuciya, kowanne yana iya tara ruwa.

Akwai wani sirri kuma da ya kamata ki riƙe, don shi ne ginshiƙin labarin duka. Ƙirji kamar zugazugin maƙeri yake, a rufe yake ruf, shi ya sa in ya buɗe huhu ke jawo iska ta hanci. In aka huda shi aka bar ƙofar a buɗe, iska sai ta bi ta ƙofar ta shiga, huhu ya yamutse kamar balan-balan da aka sace wa iska. Kin ga matsalar ke nan: a fitar da ruwa, amma kada iska ta shiga. Sama da shekara dubu biyu masana suka yi kafin su gano bakin zaren.

A ƙasar Girka, wajen shekara 400 kafin haihuwar Annabi Isa, akwai wani likita mai suna Hippocrates, wanda littattafan Larabci ke kira Abuƙraɗ. A rubuce-rubucen da ake danganta masa an bayyana yadda ake kama kafaɗun majinyaci a girgiza shi, a kara kunne a ji ta wane gefe ruwa ke motsi, kamar yadda kike girgiza tulu ki ji ko da saura. Sai a tsaga tsakanin haƙarƙari, a bar mugunya ta fita kaɗan, a toshe da ƙyalle, gobe a sake buɗewa, daga baya a sa bututun kuza. Babu allurar kashe zafi, ba a kuma san ƙwayoyin cuta ba. Wasu sun tashi, da yawa ba su tashi ba.

Sai mu zo Andalus, wato ƙasar Sifen ta yanzu lokacin tana hannun Musulmi. A kusa da birnin Ƙurɗuba an yi wani babban likitan fiɗa, Abul Ƙasim Az-Zahrawi, wanda ya rasu wajen shekarar 1013. A littafinsa At-Tasrif, mai kashi 30, ya yi bayanin ruwan ciki, wanda Larabawa ke kira istisƙa'i. Ya siffanta wani ɗan bututu na azurfa ko tagulla, bakinsa a fiƙe kamar alƙalami, da 'yan ƙofofi a gefensa, wanda ake sakawa ƙasa da cibiya. Ya kuma ja kunne sosai cewa kada a kwashe ruwan duka a zama ɗaya, don majinyaci na iya suma ko ma ya mutu. A riƙa ɗiba gwargwadon ƙarfinsa, ana duba bugun jijiyarsa. Ki riƙe waɗannan biyun, ƙofofin gefe da ɗiba a hankali, don za ki sake gamuwa da su a asibitin yau.

Mu ma nan ƙasar Hausa muna da namu masu wuƙa. Wanzamai sun daɗe suna ƙaho da tsaga, suna yin sakiya, wato a ƙona ƙarfe a huda kumburi mugunya ta fita. Ga maruru ko kumburin da ke kusa da fata, dabarar fitar da mugunya daidai take. Amma ruwan da ke can bayan haƙarƙari ƙaho ba ya kai wa gare shi. Jinin fata kawai yake jawowa, ruwan yana nan inda yake.

Abu na gaba da aka nema shi ne yadda za a san inda ruwan yake ba tare da an tsaga ba. A 1761 wani likita a birnin Biyana na ƙasar Ostiriya, Leopold Auenbrugger, ya fitar da dabarar ƙwanƙwasa ƙirji da yatsa. Mahaifinsa mai gidan saukar baƙi ne, ana kuma cewa tun yana yaro ya ga yadda ake ƙwanƙwasa ganga a san iya inda abin cikinta ya tsaya. Ke ma ai kin san ƙarar randar da ke cike daban take da ta wadda babu komai. In kin ga likita ya ɗora yatsa a bayan yaronki yana bugawa, abin da yake saurare ke nan.

A 1816 kuma, a birnin Faris, aka kawo wa wani likita mai suna René Laennec wata budurwa mai ciwon zuciya. A lokacin sai likita ya kara kunnensa a ƙirjin majinyaci yake jin abin da ke ciki. Shi kuwa ya ga bai dace ya yi wa 'ya mace haka ba, sai ya naɗe takarda kamar bututu, ya ɗora baki ɗaya a ƙirjinta, ɗayan a kunnensa, sai ga shi ya ji fiye da yadda ya saba ji. Asalin abin sauraren nan da likitoci ke ratayawa a wuya ke nan. Kin ji, 'yar'uwa, kunya da kiyaye mutuncin mace ne suka haifar da shi. A 1895 kuma aka gano hoton da ke ratsa jiki a Jamus, wanda muke kira hoton ƙirji.

To saura maganar iska. A 1875 wani likita a birnin Hambug na Jamus, Gotthard Bülau, ya sa wa majinyaci roba a ƙirji, ya tsoma ɗaya bakin robar a cikin kwalbar da ke da ruwa, ya ajiye kwalbar a ƙasa. Gwada da kanki: ki sa bututun kara a kofin ruwa ki hura, za ki ga kumfa na fita, amma iskar waje ba ta da hanyar komowa ta cikin ruwan. Shi ke nan dabarar. Mugunya da iska su fita, babu abin da ke shiga. Ya wallafa bayaninta a 1891, amma manyan likitocin fiɗa da yawa suka ci gaba da yadda suka saba, su yanke guntun haƙarƙari su bar ƙofa a buɗe.

Sai da annoba ta zo aka gane. A 1918 aka yi wata muguwar mura da ta game duniya. Ta sauka Legas ta jirgin ruwa a watan Satumba, ta biyo hanyar jirgin ƙasa har Kano, an kuma ƙiyasta ta kashe kusan mutum rabin miliyan a Nijeriya. A barikokin sojan Amurka, samari da yawa da suka kamu sai mugunya ta taru musu a ƙirji, aka riƙa buɗe su da wuri, kusan 30 cikin kowane 100 suna mutuwa. Aka kafa kwamiti, cikinsa har da wani likita Evarts Graham, suka gano cewa buɗe ƙirjin ne ke kashe su, don iska na shiga ta danne huhun da dama ciwo ya raunana. Da aka koma zuƙe ruwan ta rufaffiyar hanya, aka kuma kula da ciyar da majinyata, mace-macen suka sauko ƙasa da 5 cikin 100. Kin ga ashe tsohuwar nan ta ƙauyen gwaggona gaskiyar wani zamani ta faɗa, sai dai zamanin ya wuce da shekara ɗari.

Duk da haka robar da ake sakawa babba ce, kaurinta ya kai ɗan yatsa, sai an tsaga fata an buɗa nama kafin ta shiga. Wanda ya sauƙaƙa wannan wani likitan hoto ne a birnin Istokhom na ƙasar Suwidin, Sven Seldinger, a 1953. Dabararsa kamar yadda kike zura mazagi a wando take: ba da hannu kike tura shi ba, sai kin sa abin ja ya yi masa jagora. A soka allura siririya, a zura lallausar waya ta cikinta, a zare allurar, a zura roba ta bi bayan wayar, sannan a zare wayar a bar robar. Ƙofar ba ta fi kaurin robar ba.

A 1958 wani likitan mata a birnin Gilasgo, Ian Donald, ya nuna amfanin na'urar da muke kira sikanin, wadda ake duba masu juna biyu da ita. Cikin matan farko da ta yi wa rana akwai wata da cikinta ya kumbura, aka ɗauka ciwon daji ne da ruwan ciki, an fid da rai. Da ya duba sai ya ga ƙari ne mai ruwa a ƙwan mahaifa, aka yi mata aiki ta warke. Yau da sikanin ake ganin inda ruwa ya kwanta da zurfinsa kafin a soka allura, ba a lalube cikin duhu.

A shekarun 1960 likitocin zuciya a Amurka suka soma amfani da wata siririyar roba mai naɗaɗɗen baki. A 1986 wani likitan yara, Bradley Fuhrman, da abokan aikinsa suka ba da rahoton amfani da irinta wajen cire ruwa da iska daga ƙirjin yara. Kaurinta milimita 3 zuwa 5 ne, wato kamar bututun tawadar biro ko ya ɗan fi, alhali babbar tana kai wa milimita 10 ko fiye. A miƙe take shiga bisa waya, da an zare wayar sai bakinta ya naɗe kamar ƙawanya. Naɗin nan yana hana ta tsokanar huhu, yana kuma taimaka mata ta zauna. A cikin naɗin akwai 'yan ƙofofi a jere, irin dai waɗanda Az-Zahrawi ya siffanta. A 2010 ƙungiyar likitocin ƙirji ta Birtaniya ta ba da shawarar a riƙa fara gwada siraran robobi ga mafi yawan masu ruwa ko iska a ƙirji, a kuma yi aikin da jagorancin sikanin.

Yanzu ga wata magana da gara ki ji ta daga bakina kafin ki ji ta a bakin 'yan tsegumi. Likitoci na kiran robar nan "figtel", ma'anarsa da Turanci wutsiyar alade. Sunan daga siffar naɗin ne kawai, kamar yadda muke cewa kitson shuku ko ƙafar kaza ba don akwai kaza a wurin ba. Roba ce zalla ta masana'anta, babu komai na alade a jikinta.

Mu dawo gida. Asibitin birni na Kano, wanda yanzu ake kira Asibitin Murtala, an buɗe shi a shekarun 1920, Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano kuma an kafa shi a 1988. Irin waɗannan manyan asibitoci su ne ke da likitocin wannan aiki. Hanyar kuwa daga kusa take farawa: a je asibitin Gwarzo ko na Kabo a duba, in abin ya fi ƙarfin nan a ba da takardar turawa birni, tafiyar da ba ta fi ta sa'a ɗaya da 'yan kai ba a mota. Ba ko'ina ake samun siririyar ba, kuma ba kowane ciwo ta dace da shi ba. In jini ne ya daskare bayan haɗarin mota, ko mugunya ta yi kauri, tana iya toshewa, sai likita ya zaɓi babbar. Kowacce aka sa, ana fara yin allurar kashe zafi a wurin.

Me ke kawo mana ruwan nan? Na farko tarin tibi, wanda ke tara ruwa a ƙirji, da ciki, har da jakar zuciya. Maganinsa kyauta ne a asibitocin gwamnati, wata 6 ake sha ba fashi. Na biyu ciwon nimoniya, musamman ga yara bayan ƙyanda, shi ne ke zama mugunya. Allurar rigakafinsa ta shiga jerin alluran jarirai a Nijeriya tun daga ƙarshen 2014. Na uku ciwon hanta, wanda ke kumbura ciki. Binciken ƙasa na 2018 ya nuna kusan 8 cikin 100 na manya a Nijeriya na ɗauke da ƙwayar ciwon hanta nau'in B, rigakafinta kuma tun 2004 ake yi wa jarirai. Sai ciwon daji na mama ko na ƙwan mahaifa.

Akwai kuma wanda ya shafe mu mu kaɗai, wato ciwon zuciyar masu jego. A shekarun 1970 likitoci biyu a Zariya, Davidson da Parry, suka yi rubutu a kan yawansa tsakanin matan Hausawa, suka danganta shi da kunun kanwa da wankan jego da kwanciya a gado mai wuta. Binciken baya-bayan nan da Farfesa Kamilu Karaye na Kano ya jagoranta bai ga wannan alaƙa da ƙarfi ba, ya fi nuna rama da hawan jinin masu ciki. Ko ma dai mene ne sanadin, mai jegon da ƙafafunta suka kumbura, take haki, ba ta iya kwanciya sai da filo biyu ko uku, ba ƙarin ruwan zafi take bukata ba, asibiti take bukata. Ita kam galibi ƙwayoyi ne ke janye mata ruwan, ba a ma kai wa ga roba.

Haka nan cikin da ke girma wata da watanni babu motsi, kada a zauna ana cewa kwantacce ne ko jifa. Sikanin na 'yan mintoci zai raba gardama.

Ki lura da abu ɗaya: roba ba ta warkar da ciwo. Tana sauke kaya ne, huhu ya buɗe, a kuma sami ruwan da za a kai ɗakin gwaji a san sunan ciwon. Masu cewa "in an cire yana dawowa" sun ga wani abu, amma ba cirewar ce ke dawo da shi ba. In rufin ɗaki na yoyo, kwashe ruwan da ke ƙasa ba ya hana wani zuba, sai an gyara rufin. Masu cewa an huda wane ya mutu kuma, a tambaya, wata nawa ya yi a gida kafin a kai shi?

In jinya ta kama ki, ga abin da za ki kiyaye. Kwalba ko jakar da ruwan ke zuba ta zauna ƙasa da ƙirjin majinyaci kullum, kada ki ɗora ta kan gado don kina shara, kada ki karkata ta, kada ki zubar da ruwan da kanki, ma'aikata na auna shi. Kada robar ta lanƙwashe ko a kwanta a kanta. In kin ga nas ta rufe famfon robar bayan an sami lita ɗaya ko ɗaya da rabi, ba mugunta ba ce, wasiyyar Az-Zahrawi ce ake bi, don huhun da ya daɗe a danne ba a son ya buɗe farat ɗaya. In robar ta zame, ko numfashi ya ƙara tsanani, ko zazzaɓi ya taso, a kira ma'aikaci nan take. In kuma kina jin nauyin likita namiji, ki nemi a tsaya miki da nas mace ko 'yar'uwarki, haƙƙinki ne.

Gwaggona kuwa, a rana ta biyar aka sami maigidanta a waya ya ce a yi. Ruwa mai ruwan ɗorawa ya yi ta zuba a kwalba, a daren nan ta kwanta a miƙe, karon farko cikin makonni. Gwaji ya nuna tibi ne, ta sha magani wata 6. Tana nan da ranta, tana ƙuli-ƙulinta, tabon wurin sai ta nuna miki za ki gan shi. Abin da har yau ke damuna shi ne kwana huɗun nan da ta yi a zaune.

Don haka ga roƙona. Yau in maigida ya dawo ya ci abinci ya huta, ki kawo masa zancen cikin ladabi: "Malam, in ba ka gari, ni ko yaro numfashi ya tsananta, wa zai kai mu asibiti, wa kuma zai sa hannu in likita ya nema?" A tsayar da mutum ɗaya, wansa ko ƙaninsa ko Hajiya, kowa ya sani. In da hali a ware ɗan kuɗin mota daga adashi a ajiye.

Nan za mu dakata. Masu jinya Allah Ya ba su lafiya, mu kuma Ya ƙara mana. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu, ku huta lafiya.